Allura ta kwanta, ni ma na kwanta

Ranar Asabar da ta wuce ɗan ƙanwata ya zo har gida ya ɗauke ni a babur, wai in je in sa albarka a aikin da ya samu. Wata ƙaramar tashar FM za a buɗe, shi aka ba wa haɗa tiransimita, wato na'urar da ke tura shiri a iska, da eriya. Sun ja sabon kebul daga ɗakin na'ura har kan dogon ƙarfen da eriya take, sun ɗaure shi tsaf, ba laifi. Ina zaune a kujerar roba sai na ga ya zaro abo mita, 'yar na'urar nan ta auna wuta da masu gyara ke amfani da ita, ya ɗora tsinke ɗaya a zuciyar kebul ɗin, ɗaya a jikinsa, ya dubi abokinsa ya ce, "Ba shot." Wato zuciyar da jikin ba su haɗe ba. Ya ɗaure kan kebul a bayan tiransimita, ya kai hannu zai kunna, ɗaya hannun kuma riƙe da waya yana ɗaukar bidiyon da zai sa a TikTok.

Ban san lokacin da na miƙe na damƙe hannunsa ba.

"Kawu, lafiya?"

Na ce, me ka auna? Ya ce ya auna kebul. Na ce, a'a, ka dai tambayi batir ko hanya a buɗe take. Abo mita da wutar batir take aiki, wutar da ke tafiya gaba ɗaya ba ta juyawa. Abin da za ka tura cikin kebul ɗin nan kuwa yana kai da komowa kusan sau miliyan 100 a daƙiƙa guda. Hanyar da ta yi wa wutar batir daɗi tana iya zama katanga a wurinsa. Akwai ma eriyar da in ka ɗora mata abo mita za ta nuna maka shot, alhali lafiyarta ƙalau, haka aka ƙera ta don ta zubar da wutar da iska da hadari ke tarawa.

Ya yi irin murmushin nan da yaran yanzu ke yi wa tsoho, na "ƙarasa mu ci gaba". Na san murmushin, don ni ma na taɓa yin sa.

Ga wanda bai san sana'ar ba, abin a taƙaice haka yake. Tiransimita an gina ta ne ta ga om 50 a gabanta (om shi ne ma'aunin tirjiyar da wuta ke samu a hanyarta), daga bakinta, ta cikin kebul, har eriya. Duk inda wannan ya sauya, ko an take kebul ya lotsa, ko ruwa ya shiga mahaɗi, ko wani ya sa kebul ɗin dish mai om 75 don ya fi araha, to wani kaso na wutar sai ya juyo baya, kamar amsa-kuwwa in ka yi ihu a rijiya. Wutar da ta juyo ba ta zuwa ƙauyen kowa. Komawa take ta matsa wa tiransista, ƙananan sassan da ke ƙara ƙarfin wuta a cikin tiransimita, su yi zafi, wata rana su ƙone. Ma'aunin wannan shi ne SWR. In ya nuna 1.5, kashi 4 cikin 100 ne ke dawowa. In ya kai 2, kashi 11. In ya kai 3, kwata guda na wutarka ya juyo kanka.

Duk wannan na san shi tun ina makaranta. Shi ya sa abin da zan faɗa ba jahilci ba ne, kuma da jahilci ne da ya fi mini sauƙin faɗa.

A shekarun da azumi ke faɗowa cikin damina, ina aiki a wata tasha da ba zan ambata ba. Tun bayan da aka kafa hukumar NBC mai kula da gidajen rediyo da talabijin a 1992 aka fara ba 'yan kasuwa lasisi, tashoshi suka yi ta ɓullowa, masu kuɗi na so a ji su a iska amma ba sa son jin farashin kayan da ke kai su can. Tiransimitarmu mai wat 300 ce, ƙarfenmu kusan mita 40. Tsawa ta lalata mana kebul, na rubuta a sayo mai kauri, irin mai bututun jan ƙarfe. Aka ce babu kuɗi, a lallaɓa. Na sa RG-213, wannan baƙin mai saƙar jan ƙarfe a ciki, na ce na wucin gadi ne. A tsawon nan, ko sabo fil ne sai ya cinye kusan rabin wutar kafin ta kai sama. Na sani. Na ce wata biyu ne.

Na hau da kaina na haɗa shi da eriya. Tef ɗin roba mai narkewa ya like kansa, wanda shi ne ke hana ruwa, ya ƙare a sito. La'asar ta yi, ƙafafuna na rawa, bel ɗin da nake rataye da shi ya girmi wasu ma'aikatan tashar. Na naɗa baƙin tef na masu gyaran wuta, na ce gobe zan dawo da na ainihi. To, gobe ta yi, jibi ta yi.

Kada wanda bai taɓa hawa ƙarfe ba ya yi mini dariya. Albashin wata uku muke bi a lokacin, matata ta haihu ba a yi suna ba, kuma babu wanda zai ba iyalina ko sisi in na faɗo. Amma kuma tef ɗin nan nawa yake? Kuɗin da nake kashewa a shayi da burodi na mako guda ya saye shi. Ba kuɗi ba ne. Ƙyuya ce, da kuma jin cewa ni ne injiniya, wa zai hau ya duba aikina?

Da ruwa ya sauka sosai, allurar mita ta fara magana. Muna da mitar Bird 43, mai ƙwayar da ake juyawa: kibiya ta kalli eriya ka ga wutar da ke tafiya, ka juya ta ka ga mai dawowa. Mai dawowa ta fara hawa, har SWR ya doshi 2. Tiransimita tana da wani mai gadi a cikinta, da ya ga haka sai ya rage ƙarfi ko ya kashe ta gaba ɗaya. Ya fara kashe mu ana tsakiyar labarai. Manaja ya kira ni ofis ya wanke ni tas a gaban 'yan talla. Na fito raina a ɓace, na ɗauki ƙaramin sukuddireba, na buɗe murfi, na murɗa ɗan saitin da ke faɗa wa mai gadin inda zai tsaya, na kai shi ƙarshe. Wato gobara ta tashi, ni kuma na je na toshe bakin mai ihu.

Tasha ta daina ɗaukewa. Aka ce injiniya ya iya aiki.

Nan ne abin ya fi ci mini rai. Da hunturu ya shigo, sai allura ta fara sauka da kanta. Kafin bazara ta kwanta luf, SWR ya dawo wajen 1.3, kyakkyawan da ban taɓa gani ba ko ranar da na sa kebul ɗin. Na ce ruwan ya bushe. Har alfahari na yi wa yaran da ke ƙarƙashina, na ce ku koyi haƙuri, ba kowace matsala ake hawa ƙarfe dominta ba. Ruwa ba ya tsami banza, amma ban tsaya na tambayi dalili ba, saboda amsar da nake so ce aka ba ni.

Ga abin da ke faruwa ashe. Ruwan ya bi ta ƙarƙashin tef ya shiga saƙar, saƙa kuwa jan ruwa take kamar lagwani. Jan ƙarfen ya ci tsatsa, ya yi kore, ya yi baƙi, kebul ya koma mai haɗiye wuta. Mita kuma a ɗaki take, abin da ya iso gabanta kawai take faɗa. Wutar ta sha ci a hawa, abin da ya juyo ya sake shan ci a saukowa, sai ɗan kaɗan ya iso. Lissafin ba wuya: in kebul yana cinye rabi, ko ka kwance eriyar gaba ɗaya ka jefar, mita 3 za ta nuna. In yana cinye kashi biyu cikin uku, 2 za ta nuna, ba eriya ba komai a sama. Kallon kitse na yi wa rogo wata shida.

Kuma an faɗa mini. Masu kiran waya daga ƙauyukan da a da suke jin mu tangaram suka fara cewa sai sun ɗaga rediyo sama sun jingina da taga. Wani dattijo ya zo har tasha a kan keke ya ce gaisuwar da yake aikowa ba ya jin ta. Na ce masa hazo ne, ya kuma sauya batir. Allah ya yafe mini. Mutumin nan ya fi mitata gaskiya. Abin da na yi bayan tafiyarsa shi ne ƙara wa tiransimita wuta har ƙarshen abin da take iyawa.

Damina ta biyu, daren goma sha wani abu ga azumi, ana cikin tafsiri, lokacin da tasha ke samun kuɗin da za ta ci shekara, muka ɗauke ɗif. Ruwan ya gama gangarowa ya taru a lanƙwasar da ke bakin ɗaki, ya haɗa zuciya da saƙa. Yanzu matsalar tana taku uku daga tiransimita, babu doguwar hanyar da za ta haɗiye abin da ya juyo, mai gadi kuma na riga na ɗaure shi. Tiransista suka tafi.

Aka kawo wani tsohon injiniya daga wani gari da na'urar TDR da ya aro. Ita ƙyasta wuta take yi cikin kebul ta ƙirga lokacin da amsa-kuwwar za ta dawo. A RG-213 wuta na gudu da kashi 66 cikin 100 na saurin haske, to in ka faɗa mata wannan sai ta ce maka ga mita kaza inda ciwon yake. Minti biyar bai yi ba ya nuna mini tudu a allon, nan kusa. Ya sa aka yanka wurin. Baƙin ruwa ya ɗiga a takalminsa. Sannan ya buɗe tiransimita, ya daɗe yana kallon saitin nan da na murɗa. Ya ɗago ya dube ni. Bai ce komai ba, ya mayar da shi inda yake ya rufe.

A rahoton da na rubuta na ce wutar lantarki ce ta yi tsalle, kuma mai aikin dare bai kashe da wuri ba. Yaro ne, bai fi shekara da fara aiki ba. Aka dakatar da shi, bai dawo ba. Na sha gaya wa kaina cewa dama yana barci a bakin aiki, kuma gaskiya yana yi, kuma da ni aka kora mutum bakwai ne za su kwana da yunwa. Duk haka ne. Amma ba shi ya naɗa tef ba.

Na zauna da niyyar rubuta muku shawarwari goma, ku matasan da ke wannan sana'a, na ga yawancinsu suna cikin littafin da ya zo da na'urar, wanda ba ku karantawa, sai dai ku nemi wani a YouTube ya karanta muku.

Kada ka taɓa saitin mai gadi. In tiransimita ta kashe kanta, gaskiya ta faɗa, manaja ya yi ta faɗansa.

Kafin ka kunna, ka raba kebul da eriya ka auna kowanne shi kaɗai. Ka ɗaura eriyar ƙarya mai om 50, domi-lod, a can saman, ka ga kebul ɗin da kansa. Ka cire ta ka bar bakin a buɗe ka sake aunawa da na'urar gwaji, ba da tiransimita ba: a nan kam amsa-kuwwa mai ƙarfi kake so, in ta dawo a raunane kebul ɗinka ɓarawo ne. Ka rubuta lambobin da kwanan wata. Lambar da ta sauya ba tare da ka taɓa komai ba, ko hawa ta yi ko sauka, ka bi ta.

Kada ka yarda da mita. To, ka yarda da ita, ai ta fi ka, ni da na ƙi jin ta a damina ta farko ga inda na ƙare. Abin da nake nufi, ka san inda take tsaye.

Ku yanzu kuna da NanoVNA, ɗan abu kamar kwalin ashana babba, kuɗinsa bai kai na wayar da ke hannunku ba, yana yin aikin da mu sai an aro daga wani gari. Amma ba ku saita shi kafin awo, da gwaje-gwajen nan guda uku, na buɗe da na shot da na om 50, ba ku sauke wutar da ta taru a kebul kafin ku jona, sai ya ƙone ku ce jabu ne. Kuma in ka ba shi saurin RG-213 alhali kebul ɗinka mai kumfa ne, wanda gudunsa ya haura kashi 80, zai tura ka inda babu komai.

Ka hau ka gani da idonka. Amma kada ka hau da tsohon bel, kada ka hau tiransimita na kunne, kada ka hau in hadari ya haɗu, ko da za a kore ka. Na san yanzun nan na gama zagin kaina don ban hau ba. Ku haɗa su yadda za ku iya, ni ban iya ba.

Ɗan ƙanwata dai ya auna, yana ƙunƙuni. Kebul ɗin lafiya lau, eriya ma haka. Ya ce, "Kawu, ka gani ko?" Na ce na gani, rubuta. Ya ɗauki hoton allon da waya, ya ce ya rubuta. Na tambaye shi da me ya naɗe mahaɗin sama. Ya dubi abokinsa, abokin ya dubi ƙasa, sannan ya zaro ragowar baƙin tef daga aljihun wandonsa.

Gabas ta riga ta yi duhu, na hana su hawa. Mun yi da shi zai zo ya ɗauke ni bayan sallar asuba, ni zan taho da tef ɗin.