Kantar Kishin Ƙasa da Abin da Ta Jawo Mini

A ƙarshen wannan zangon zan miƙa makullan laburaren makarantarmu, bayan shekara da shekaru ina riƙe da su. Takardar canjin wurin aiki ba ta faɗi dalili ba, amma kowa a ɗakin malamai ya sani. Kantar kishin ƙasa ce ta jawo.

Ni na kafa ta, da izinin tsohon shugaban makaranta, Allah ya jiƙansa, a shekarun da aka cire darasin tarihi daga manhajar firamare da ƙaramar sakandare. Yara kan iso mana sun haddace taken ƙasa da rantsuwar biyayya, amma ka ambaci Sa'adu Zungur sai su yi zuru. Na jera tarihin rayuwar da Sardauna ya rubuta ya fito a 1962, kusa da shi waƙoƙin Sa'adu Zungur da littattafai kan jam'iyyar adawa ta NEPU, wadda aka kafa a Kano ranar 8 ga Agusta, 1950. Akwai labarin Hajiya Gambo Sawaba, akwai littattafan yaƙin basasa na 1967 zuwa 1970, waɗanda sojojin tarayya suka rubuta da waɗanda mutanen Biyafara suka rubuta. A ƙasa na sa ƙagaggun labarai da na ƙwallon ƙafa. Da yawansu da kuɗin aljihuna na saye su a hannun masu sayar da tsofaffin littattafai.

Sabon shugaba ya zo, ana shirin bikin 1 ga Oktoba, za a yi baƙi daga ma'aikata. Ya tsaya gaban kantar yana zaro littattafai ɗaya bayan ɗaya, sunan bango kawai yake dubawa. Ya ware na NEPU, da na Gambo Sawaba, da duk wani na yaƙin basasa da ba namu ne ya rubuta ba. Ya ce, "Malam, wannan ba kishin ƙasa ba ne, tayar da zaune tsaye ne." Na ce, "Ranka ya daɗe, da za ka ba ni dama in kawo maka ɗaya ofis ka duba." Wannan maganar ce laifina. Washegari takardar tuhuma ta iso, wai na yi wa na gaba rashin ladabi kuma ina cusa wa ɗalibai siyasa. A taron malamai ya kira ni ɗan adawa a gaban yaran da ni na koya wa cika katin aro. Aka zuba littattafan a kwali aka kai sito, aka cike gurbinsu da manyan kundaye masu sheƙi, hotunan shugabanni da jawaban bukukuwa.

Har yau abin yana ci mini rai, domin rajistar aro tana nan, kuma bai taɓa buɗe ta ba. Da ya buɗe, da ya ga littattafan da ya kira fitina su ne aka fi ara, har bangonsu ya yage na ɗinke da zare. Kundayen hotunan kuwa, tun ranar da baƙi suka tafi ƙura ce ke karanta su.

Abin da na koya a gaban wannan kanta shi ne, yaro ba wawa ba ne. Yana fitowa daga gidan da babu wuta, mahaifinsa na bin bashin fansho, ya ratsa kwata ya zo makaranta. Ka miƙa masa littafin da ke cewa komai lafiya lau, ya san ƙarya kake yi, kuma daga ranar zai ɗauki kishin ƙasa a matsayin abin da ake faɗa a fili ranar fareti. Amma ka ba shi Sa'adu Zungur, mutumin Bauchi da ya dubi sarakunan Arewa ido da ido a waƙarsa ta Arewa Jamhuriya ko Mulukiya, ya gargaɗe su su gyara tun kafin a gyara musu, ya kuma rasu a 1958 bai ga 'yancin da ya yi wa wahala ba, sai ka ga yaron ya nutsu. Ka ba yarinya labarin Gambo Sawaba, wadda aka yi ta ɗaurewa ana duka saboda ta ce mace ma tana da ƙuri'a, haƙƙin da matan Arewa ba su samu ba sai a shekarun 1970, za ta dawo da tambaya, ba da hamma ba. Waɗannan mutane sun faɗa wa ƙasarsu magana mai ɗaci domin tasu ce. Sardauna ma ya fi girma a idon ɗalibi idan ya san irin mutanen da ya kara da su. Wanda kuma ya karanta yunwar da ta kashe yara a Gabas daga bakin waɗanda abin ya shafa, na lura ba ya sake yi wa ɗan ajinsu Ibo gorin yaƙi.

Sauran darussan ba su da tsawo. Ƙwallo ce ƙofar shiga: yaron da ya zo neman yadda Najeriya ta ci Burazil 4 da 3 da Ajantina 3 da 2 a gasar Olamfik ta Atlanta a 1996, ya ga Kanu da Tijjani Babangida da Garba Lawal cikin riga ɗaya, shi ne gobe zai ari na tarihi. Ƙagaggen labari yana kai wa inda jawabi ba ya kaiwa. Littafin Hausa ya fi saurin fita, don ana karanta wa iyaye a gida. Kuma duk izinin da shugaba ya ba ka da baki, ka nemi ya rubuta, domin shugabanni na wucewa, fayil ne ke zama.

Wanda zai gaje ni, kwalin yana sito bayan ɗakin gwaje-gwaje, ƙarƙashin karyayyun kujeru. A ɗaga shi daga ƙasa kafin damina, gara ta riga ta fara cin gefe ɗaya. Jerin sunayen littattafan yana shafin ƙarshe na rajistar aro, kuma a hukumance har yanzu kayan laburare ne, babu takardar da ta hana a ba ɗalibin da ya tambaya.