Laccar da na kai Katsina

Kawuna bai iya roƙo ba, umarni kawai ya sani. Fasto ne da ya yi ritaya, yana zaune a Katsina, kuma tun da na fara koyar da tauhidi a makarantar Littafi Mai Tsarki ya daina kiran sunana. "Malam," in ji shi a waya, "matasanmu suna da taro ranar Asabar. Ikkilisiya da gwamnati. Kai ne mai magana." Kafin in ce ina da takardun jarrabawa a gabana, ya katse.

Mako guda na yi ina shiri, na cika shafi goma sha ɗaya. Na fara da Barmen ta ƙasar Jamus, inda wakilan ikkilisiyoyi suka taru a 1934 suka amince da sanarwar da Karl Barth ya rubuta mafi yawanta, cewa ikkilisiya ba ta da wani ubangiji sai Yesu, daidai lokacin da Hitila ke neman mayar da ita 'yar amshin shatansa. Na kawo Dietrich Bonhoeffer, faston Jamus mai adawa da Hitila, da aka rataye a watan Afrilun 1945. Na kawo Gustavo Gutiérrez na Peru, wanda tun 1971 ake danganta tauhidin 'yantar da talaka da sunansa. Na rufe da Akbishop Janani Luwum na Yuganda, da aka kashe a 1977 bayan ya faɗa wa Idi Amin gaskiya. Da na karanta ni kaɗai a ɗaki, har tsikar jikina ta tashi.

Ranar Alhamis na shiga Golf a tashar Ƙofar Ruwa, mu huɗu a baya kamar an cusa kaya a buhu. Hunturu ne, hazo ya rufe Dawanau. Kusa da ni wani alhaji ne mai fataucin hatsi. Wajen Bichi na buɗe jaka neman ruwa, idonsa ya faɗa kan baƙin littafin da ke ciki.

"Malam, wannan fa?"

"Littafi Mai Tsarki ne, Alhaji."

Ya dube ni sama da ƙasa. "Amma Hausarka ta fita tas. A ina ka koya?"

"A bayan mahaifiyata. 'Yar ƙasar Malumfashi ce."

"Ikon Allah," ya ce, ya yi shiru har Tsanyawa. A Gidan Mutum Ɗaya ya sayi dafaffen ƙwai ya miƙo mini biyu da yaji a ƙullin leda, daga nan muka koma hirar tsadar taki da manoman da 'yan bindiga suka kora daga gonakinsu. Kankiya, Caranci, Rimi, shingen jami'an tsaro nan da can, ana kiran la'asar muka shiga ta Ƙofar Ƙaura.

Washegari Kawu bai tambayi lacca ba. Ya ce in hau bayan babur ɗin jikansa, shi ya hau wani, za mu Babbar Ruga, kuma mu dawo da rana tsaka domin hanyar Batsari ba ta son yamma.

Tun ina yaro nake jin sunan wurin nan, ban taɓa taka shi ba. Yau asibitin gwamnati ne. Amma a nan kakana, mahaifin Kawu, ya zo da ƙafa daga ƙauyensu yana saurayi, Bamaguje, da kuturta a hannu biyu. Bayan Turawa sun ci Sakkwato a 1903, Gwamna Lugga ya yi wa sarakuna alkawarin ba za a taɓa musu addini ba, saboda haka aka daɗe ana tare 'yan mishan daga cikin masarautu. Ƙofar da ta buɗe daga baya ita ce ta kutare. A ƙarshen shekarun 1930 mishan ɗin SIM, wato Sudan Interior Mission, ya karɓi aikin kula da su a Yadakunya ta Kano, da Amanawa ta Sakkwato, da nan Babbar Ruga, zamanin Sarki Muhammadu Dikko. Da yardar sarki da hannun En'e aka yi. Wato tun ranar farko ikkilisiya da hukuma a inuwa ɗaya suka zauna a ƙasar nan, sai dai an san mai tabarmar.

Kawu ya zauna a gindin wata bishiyar darbejiya ya ciro cokali daga aljihu, ashe da shirinsa ya zo. Ya naɗe yatsunsa cikin tafin hannu, ya ɗaura cokalin a wuyan hannun da hankici, ya ja ƙullin da haƙori. "Haka Baba yake cin abinci har ya koma ga Ubangiji. Ciwon ya warke, yatsu ba su dawo ba. Da wannan hannun yake buɗe Littafi." Ya kwance hankicin a hankali. "Ta ƙofar kutare muka shigo garin nan, Malam. Wanda ya shigo ta nan ba ya ɗaga murya a zauren mai gida."

Ban ce komai ba. Shafi goma sha ɗayan nan nawa kuwa duk na ɗaga murya ne.

Ranar Asabar ɗakin ya cika. Matasa a gaba, 'yan zumuntar mata a gefe da tulunansu na kiɗa, dattawan ikkilisiya a kan benci ɗaya kusa da taga. Na yi minti arba'in. Da na kai wurin rataye Bonhoeffer wata mata ta ce "Wayyo." Ban da wannan, tafi ne na ladabi.

Tambayoyi suka biyo baya, ba wanda ya tambayi Jamus. Shugaban matasa ya miƙe ya ce takardar mallakar filin majami'arsu ta shekara da shekaru a wani ofishi, kullum a ce a dawo. Wata ɗaliba ta ce ta je neman takardar shaidar asali, ma'aikacin ya dubi sunanta ya ce, "To, amma asalinku 'yan ina ne?" Wani ya ce makarantar ƙannensa ba malamin addinin Kirista, in lokacin darasin ya yi sai su fita su zauna a gindin bishiya. Shugaban matasan ya karanto sashe na 10 na tsarin mulkin 1999, wanda ya hana gwamnati ɗaukar wani addini a matsayin nata, da sashe na 38 na 'yancin addini, ya ɗora da maganar Bitrus a Ayyukan Manzanni 5 cewa biyayya ga Allah tana gaba da biyayya ga mutane. Yana so a fita da kwalaye.

Kawu ya miƙe da sandarsa. "Ɗana, a watan Maris na 1987 ba a haife ka ba. Rigimar Kafanchan ce ta taso har ta iso mana nan, lokacin ma muna cikin jihar Kaduna, sai a Satumba aka yanke Katsina. Na kwashi toka da hannuna. Kuma maƙwabcina Musulmi ne ya ɓoye iyalina a ɗakin matarsa." Ya buɗe Romawa 13, inda Bulus ya ce a yi wa mahukunta biyayya. Ɗakin ya rabu biyu, kowa da ayarsa.

Nan na ga damar nuna malanta. Na ce ga hanya ta tsakiya: Irmiya 29, wasiƙar da annabi ya aika wa Yahudawan da aka kwashe zuwa Babila, cewa su gina gidaje, su yi shuka, su nemi zaman lafiyar birnin, domin lafiyarsa ita ce tasu. Aya ce da malaman tauhidi na zamani suke ji da ita ƙwarai, musamman a Turai da Amurka inda ikkilisiya ta ga mulki ya suɓuce mata.

Wata tsohuwa daga cikin zumuntar mata ta ɗaga hannu, ba ta jira a ba ta dama ba. "Yaro, mi ka ce? Babila?" Ta gyara ɗaurin kallabinta. "Su kam bayi ne, kwaso su anka yi. Ni wa ya kwaso ni? Nan anka binne cibiyata, da ta uwata, da ta kakata. Nemo mana wata ayar."

Aka kwashe da dariya, har Kawu. Ni kuwa na tsaya da takardu a hannu ina jujjuyawa.

Daren nan ban yi barci da wuri ba. Gwaggon nan ta kama ni a inda ban zata ba. Barth da Bonhoeffer sun yi magana ne da ikkilisiya mai rinjaye wadda mulki ke zawarcinta. Gutiérrez ma a ƙasar da kusan kowa ɗan Katolika ne yake tsaye. Masu son Irmiya kuma suna yi wa mutanen da ke jin kansu baƙi ta'aziyya. Mu ba mu da rinjaye, ba mu kuma zo daga ko'ina ba. Byang Kato, ɗan Kwoi, babban masanin tauhidin da ikkilisiyar ECWA ta haifa, ya fi ba da ƙarfi ga tsare bangaskiya daga gauraye, kuma ya rasu a teku kusa da Mombasa a 1975 yana da shekara 39, kafin muhawarar Shari'a ta 1978, kafin rigimar shigar Najeriya ƙungiyar ƙasashen Musulmi ta OIC a 1986. Tun daga nan galibin abin da muke kira tauhidin siyasa martani ne kawai, in an taɓa mu a fitar da sanarwa, in an ba mu kujerun Urushalima mu yi godiya. Bakin da ya ci kuwa, an san halinsa.

Abin da na ga ya fi kusa da gwaggon nan, duk da ni ba ɗan Katolika ba ne, shi ne matsayar babban taron Batikan na biyu a Disambar 1965, cewa 'yancin addini haƙƙin mutum ne saboda darajarsa ta ɗan Adam, ba alfarmar da hukuma ke yi wa wata ikkilisiya ba. In haka ne, ɗalibar nan ba roƙo ta je yi ba. In haka ne kuma, ba a kanmu kaɗai maganar ta tsaya ba. Ɗalibai fiye da 300 da aka sace a Ƙanƙara a Disambar 2020, da manoman da alhajin mota ya lissafa mini, yawancinsu Musulmi ne. Ikkilisiyar da ba ta da baki sai a kan filinta, kada ta yi mamaki in maƙwabta sun ɗauke ta wata ƙungiyar neman kaso. A nan kaɗai Gutiérrez ya tsira daga laccata.

Ranar Lahadi bayan sujada shugaban matasan ya nuna mini hoto a wayarsa: Bishop Gerald Mamman Musa, ɗan Malumfashi, ranar da aka naɗa shi a Disambar 2023, bishop na farko na sabuwar dayosis ɗin Katolika ta Katsina. "Bahaushe ne fa, Malam," ya ce, kamar wansa ne. Ya kuma gaya mini sun yi magana da Kawu. Kwalaye sun dakata. Za su je ofishin nan su goma sha biyu, da dattawa biyu, da mai unguwarsu in ya yarda, kowace Litinin, har a gaji da ganinsu. Kawu ya ce shi ma zai je, amma zai zauna ne kawai.

Ina ɗaura jaka a bayan babur sai ga gwaggon nan da ƙunshi biyu, kuka da daddawa, ta ce in kai wa mahaifiyata, in ce daga gida. Sai da mota ta wuce Rimi warin daddawa ya sa na buɗe jakar in gyara. Takardar da aka naɗe ta rubutun hannuna ne, shafi na bakwai, wanda na bari a kan teburin majami'a. Mai ya huda sunan Bonhoeffer. Na mayar da ƙunshin na ƙara masa leda.