Minti Ashirin da Biyar a Bakin Ƙofa: Yadda Ɗalibaina Suka Koyi Shiga Kacici-kacicin Intanet

Ni malamin labarin ƙasa ne a wata makarantar sakandare da ke cikin birnin Kano, kuma kowace Asabar muna yi wa 'yan aji shida darasin ƙari domin shirin jarrabawar shiga jami'a ta JAMB. Tun shekarar 2015 aka mayar da wannan jarrabawa ta koma kan kwamfuta gaba ɗaya, kuma ɗalibi yana amsa tambayoyi 180 ne cikin awa biyu, wato kimanin daƙiƙa 40 ga kowace tambaya. Da yawa daga cikin yarana sun san karatun, amma da zarar an ce akwai agogo yana gudu a gabansu sai hannu ya fara rawa. Wannan ne ya sa na yi tunanin kawo musu Kahoot!, wasan kacici-kacici na intanet da aka ƙirƙira a ƙasar Norway tare da jami'ar kimiyya da fasaha ta birnin Trondheim, aka kuma fito da shi ga jama'a a 2013. Na kwana biyu ina tsara tambayoyi ashirin, na nemi izinin shugaban makaranta a bar yara su zo da waya ranar Asabar kaɗai, na karɓi aron majigi, na sayi man janareta daga aljihuna. Duk shirin da na yi a kan tambayoyi na yi shi, ko sau ɗaya ban zauna na yi tunanin yadda yaran za su shiga wasan ba, domin a ganina wannan ba wani abu ba ne.

A takarda, hanyar shiga gajeriya ce ƙwarai. Malami ne kaɗai yake buƙatar rajista. Shi ne zai buɗe wasan a kwamfutarsa, sai wata lamba mai alƙaluma shida ko bakwai ta bayyana a saman allo. Ɗalibi zai buɗe adireshin kahoot.it a wayarsa, ya rubuta wannan lamba, ya rubuta sunan da yake so a san shi da shi, sai sunan ya fito a babban allo tare da na sauran, ya jira malam ya danna farawa. Ba ya buƙatar adireshin imel, ba ya buƙatar kalmar sirri, kuma ba dole ba ne ya sauke manhaja. A gida na gwada da wayata, ban kai rabin minti ba na shiga.

A aji kuwa, minti ashirin da biyar muka yi kafin a karanta tambaya ta farko. Ɗalibai 46 ne a ranar, wayoyi 17, kuma kusan kowace waya da irin nata ciwon.

Matsala ta farko daga bakina ta fito. Na ce musu su shiga Kahoot!, ban rubuta adireshin a allo ba, sai rabinsu suka rubuta sunan a akwatin bincike na Google, wanda ya kai su babban shafin kamfanin inda malamai ke yin rajista. Ina tsaye ina kallon allo ina mamakin rashin fitowar sunaye, ashe su kuma suna can suna fama da neman imel. Wata ɗaliba ta ɗaga hannu ta ce, "Malam, ni fa an ce sai na sa shekarun haihuwata." A nan na gane cewa yawancinsu ba su san bambancin da ke tsakanin wurin rubuta adireshi da wurin bincike ba, kuma babu laifinsu, domin duk abin da suka saba yi a waya alamar WhatsApp ko TikTok kawai suke taɓawa ta buɗe. Bai taɓa zama musu dole su rubuta adireshin wani shafi harafi bayan harafi ba, balle su lura cewa akwai ɗigo a tsakiya kuma ba a barin fili.

Ta biyu ta fi ba ni wahalar ganewa. Akwai wayoyi huɗu da suka rubuta adireshin daidai amma shafin ya ƙi buɗewa, alhali masu su suna rantsuwa cewa da safen nan aka saya musu data. Sai da na karɓi ɗaya na duba saƙon kamfanin layi, na ga ashe irin datar nan ce mai araha ta shafukan sada zumunta kaɗai, wadda za ta buɗe WhatsApp da Facebook amma ba ta buɗe wani shafi na daban. Wasu biyu kuma da Opera Mini suka shiga, shafin ya buɗe rabi ya tsaya. Dalili shi ne wannan manhaja, idan tana kan tsarinta na matsanancin tsimin data, takan fara aika shafi zuwa na'urorin kamfaninta a matse shi kafin ya iso waya, wasan kuwa yana buƙatar waya ta riƙa magana da shi kai tsaye a kowace daƙiƙa. Da suka koma Chrome nan take suka shiga.

Sai maganar sunaye, wadda ita ce ta fi ba ajin dariya ta kuma fi ɓata mini rai. Ban ce musu komai game da suna ba, don haka allo ya cika da su Shugaban Ƙasa da Sarkin Aji da Babu Mai Ja Da Ni. Waɗannan ba su dame ni ba. Abin da ya dame ni shi ne wani ya rubuta laƙabin tsokana da ake kiran wani yaro mai in'ina da shi, ya fito ɓaro-ɓaro a bango kowa ya gani. Malami yana iya danna kowane suna ya fitar da mai shi daga wasan, kuma na yi hakan, amma an riga an yi dariyar, yaron kuma bai ƙara ɗaga kai ba har aka tashi. Har yau ina ganin laifin nawa ne, domin ni na ba yara masu shekara goma sha bakwai damar rubuta abin da suka ga dama a bango ba tare da an san wanda ya rubuta ba.

Da aka fara wasan ma ba a huta ba. A tsarin da na bari, tambaya da amsoshinta a babban allo suke fitowa, wayar ɗalibi kuwa siffofi huɗu kawai take nunawa: jan alwatika, da shuɗi mai siffar lu'ulu'u, da da'ira ruwan ɗorawa, da koren murabba'i. Ɗalibi zai karanta a bango, ya duba launin da ke kusa da amsar da ya zaɓa, ya taɓa irinsa a waya. Ajinmu tagoginsa manya ne ba labule, hasken rana ya cinye hasken majigi, na baya ba sa iya karanta komai. Na tambaye su garin da kogin Neja da na Binuwai suka haɗu, tambayar da ko ɗan aji ɗaya zai ce Lokoja, sai ga kusan rabi sun faɗi, saboda launi kawai suke taɓawa a kan sa'a.

Na koma gida a fusace, na ce wa kaina wannan wasa na makarantun da ke da wuta da labule ne. Da na huce sai na lura cewa babu ko ɗaya daga cikin abubuwan da suka faru da ya shafi tambayoyina. Dukkansu a bakin ƙofa suka tsaya. Ba a fafe gora ranar tafiya, ni kuwa ranar tafiyar na zo da gorana ɗanye.

Asabar ta gaba na sauya tsari daga tushe. Tun ranar Alhamis na rubuta adireshin da alli a saman allo, da manyan haruffa, na sa kowa ya kwafa a bangon littafinsa, na kuma ce duk wanda zai zo da waya ya gwada buɗe shafin a gida har ya ga akwatin da ake rubuta lamba. Wanda ya ga akwatin ya san datarsa da manhajarsa suna aiki. Na gaya musu kada su nemi lambar makon jiya, domin duk lokacin da aka buɗe wasa sabuwar lamba ake bayarwa, tsohuwar kuma ta mutu. Akwai alamar QR da ke fitowa kusa da lambar, wadda idan kyamarar waya ta karanta ta sai ta kai mutum kai tsaye wurin rubuta suna, amma da gangan na hana su amfani da ita a makonnin farko. Na fi son su saba da rubuta alƙaluma bakwai ba tare da kuskure ba, tunda a zauren JAMB ma abin da za a fara nema daga gare su shi ne su rubuta lambar rajistarsu daidai.

Tunda wayoyin ba su kai yawan ɗalibai ba, na daina yaudarar kaina da cewa kowa zai yi wasa shi kaɗai. Na raba su rukuni-rukuni, mutum uku ko huɗu a kan waya guda, kuma wayar tana zagayawa, duk bayan tambayoyi biyar sai ta koma hannun na gaba, don kada mai wayar ya zama shi ne sarki. Wannan ya rage yawan wayoyin zuwa goma sha biyu, adadin da ƙaramar na'urar raba intanet tawa da wayar wani abokin aikina suka iya ɗauka, sai batun datar yara ya kusa fita daga lissafi. Game da suna, akwai tsarin da wasan ke zaɓa wa mutum laƙabi da kansa, na gwada shi sau ɗaya na bari, saboda sunayen Turanci ne marasa ma'ana a wurinsu, kuma ni ma sai na kasa gane ko wane ne wane. Abin da ya yi mana aiki shi ne na ba kowane rukuni sunan wani kogi ko dutse ko tafki daga cikin darasinmu: Kogin Hadeja, Dutsen Dala, Tafkin Chadi, Tsaunin Mambila, Dam ɗin Tiga. Duk sunan da ya fito ba ya cikin takardata, sai na fitar da shi ba tare da na ce uffan ba. Idan suka cika sai na danna alamar kwaɗo na kulle ƙofa, domin a makon farko wani ya tura lambar ga abokinsa da ke gida ya shigo yana ta amsawa. Na kuma kunna zaɓin da ke nuna tambaya da amsoshi a fuskar wayar ɗalibi, wanda da na san da shi tun farko da ban wahalar da na baya ba.

Akwai wani abu da sai a mako na uku na fahimce shi, kuma shi ne ya fi sauya ra'ayina game da wasan. Makin amsar da ta yi daidai yana tsakanin 500 da 1000 ne, gwargwadon saurin da aka amsa. Wanda ya amsa nan take yana samun kusan duka, wanda ya jira har ƙarshen lokaci yana samun rabi. To, wayar da sabis ɗinta ke jan ƙafa tana iya makara da daƙiƙa uku kafin amsoshin su bayyana. Idan na ba tambaya daƙiƙa 20, wannan jinkiri yana cin maki 75, amma idan na ba ta daƙiƙa 60, maki 25 kawai yake ci. Ke nan da na taƙaita lokaci da sunan koya musu sauri, ina ba wa mai waya mai tsada lada ne a kan abin da ba iliminsa ba. Na koma ba su daƙiƙa 60 a tambayoyin lissafin ma'aunin taswira da na bambancin lokaci tsakanin garuruwa, 30 a saura, na kuma daina ba da kyauta ga wanda ya zo na ɗaya a allo. Littafin rubutun da nake bayarwa yanzu na rukunin da ya fi yawan amsa daidai ne, abin da nake gani a rahoton da wasan ke ajiye wa malami bayan an gama.

Har yanzu ba a rasa mai cewa, "Malam, ta fitar da mu," musamman idan kira ya shigo wayar ko fuskarta ta mutu, shi ya sa nake barin lambar a rubuce a allo har ƙarshen wasa, nake kuma cire kwaɗon idan rukuni zai dawo. Aikin tsaron ƙofa ma na miƙa shi ga ɗalibai biyu, mace da namiji, waɗanda ke zagayawa suna duba wayoyi tun kafin a tayar da janareta. Namijin shi ne yaron nan da aka tsokana a makon farko. Da kansa ya zo ya nema, kuma ya fi ni saurin gane wayar da ke kan datar WhatsApp. Asabar da ta wuce na duba agogo, minti huɗu muka yi daga fitowar lamba zuwa tambaya ta farko. Rahoton ranar ya nuna cewa rukuni tara cikin goma sha biyu sun ɗauka dam ɗin Kainji a jihar Kwara yake, alhali a jihar Neja yake, don haka da taswirar madatsun ruwan Najeriya na shiga aji ranar Litinin.