Ranar da akanta ya ƙi biyana

Wayarin wuta nake yi, da kafa sola. Na daɗe ina cin gashin kaina, ba ubangida, ba takarda ko ɗaya mai ɗauke da sunan sana'ar, kuma ban ga abin da hakan ya rage ni da shi ba. Mai gida ya kira ni, mu daidaita, in yi aiki, ya ba ni haƙƙina.

Sai wani kamfani ya ba ni kwangilar ofisoshinsa. Na gama, injiniyansu ya duba ya sa hannu. Da na isa gaban akanta sai ya ce, "Malam, mu ba ma tura kuɗi asusun mutum. Kawo takardar rajista da lambar haraji da asusu mai sunan kasuwancinka." Na ce ai ga aiki nan a bango, kowa na gani. Ya ce shi takarda yake biya. A ranar na ji haushinsa ƙwarai, amma gaskiyarsa ce: shi ma akwai masu binciken littattafansa, kuma duk kuɗin da ya fita ba shaida, a wuyansa yake.

Da na shiga neman rajista na tarar hanya biyu ce, kuma ƴan'uwana masu sana'a da yawa sun ɗauka ɗaya ce. Ta farko rajistar sunan kasuwanci. Ita ce mai sauƙi, ita na fara yi. Amma suna kawai ka yi wa rajista, kai da kasuwancin mutum ɗaya ne a idon doka. In bashi ya hau kanka, ko wayar da ka ja ta ƙona kayan mutane aka kai ka ƙara, ana iya bin dukiyarka ta gida. Ta biyu kafa kamfani, wanda doka ke kallo a matsayin wani mutum daban, da dukiyarsa da bashinsa. Wannan ƙa'ida ta kafu ne a Ingila a 1897, a shari'ar wani mai yin takalma, Aron Salomon. Kamfaninsa ya karye, aka nemi a ɗora masa bashin, babbar kotun ƙasar ta ce kamfani daban, mai shi daban. Sai dai kar a ruɗe ka: in banki ya sa ka tsaya wa rancen kamfaninka da sunanka, katangar da ta raba ka da bashin kamfanin ta faɗi.

Kowace ƙasa da ƙofarta. A Najeriya hukumar rajistar kamfanoni ce, wato CAC, kuma tun dokar kamfanoni ta 2020 mutum ɗaya tilo na iya kafa kamfani, ba sai ya nemo na biyu don cike gurbi ba. Nijar da sauran ƙasashen Afirka masu bin dokar kasuwanci ta bai-ɗaya ta OHADA, su 17, suna da rajistarsu ta ƴan kasuwa da ake kira RCCM.

Kuskurena na biyu, na zaci rajista ita ce lasisi. Ba ita ba ce. Rajista ta sanar da hukuma cewa kana nan. Lasisi shi ne shaidar an yarda ka iya aikin. Mai taɓa wuta yana buƙatar takardar hukumar da ke kula da fanninsa, sannan ƙaramar hukuma ma takan nemi nata izinin na wurin sana'a. Da satifiket ɗin rajistata sabo a hannu wata kwangila ta wuce ni saboda wannan.

Haraji kuwa shi ne inda mai zaman kansa ya bambanta da ma'aikaci. Ma'aikaci ana cire masa kafin albashi ya iso shi. Kai ba mai yi maka lissafi. A Amurka mai zaman kansa na biyan kashi 15.3 cikin 100 na fansho da kiwon lafiya shi kaɗai, abin da ma'aikaci ke rabawa da kamfaninsa, kuma sau huɗu a shekara yake tura kiyasin harajinsa. A wasu ƙasashen mai ba da kwangila ne ke yankar wani kaso ya miƙa wa hukuma da sunanka. In an yanka, ka karɓi shaidar. Na taɓa barin tawa, na biya sau biyu.

Abin da ban zata ba shi ne yadda asusun kasuwancin ya tona min asiri. Da kuɗin waya da na cefane duk aljihu ɗaya suke, ina ganin ina samu. Da na raba su, wata uku kacal na gane irin ayyukan da nake yi a kan faɗuwa, galibi ƙananan gyare-gyare masu nisa da kuɗin mota ke cinyewa. Na daina karɓarsu.

Yanzu kowane aiki sai da rubutacciyar yarjejeniya: abin da zan yi, wa zai sayi kaya, yaushe za a biya. Ranar sabunta lasisi da ta miƙa bayanan shekara kuwa na rubuta su a murfin akwatin kayan aikina, don shi ne abin da nake buɗewa kullum.