Ƙaron hira: inda na kwana a babi na huɗu

Salam 'yan uwa masu koyon ƙagaggen labari, ga inda aikina ya tsaya. Waɗanda suka biyo ni tun farko sun san duniyar da nake ginawa, ƙasa ce da in aka zauna gindin bishiya da dare aka yi tatsuniya, da safe sai a tarar bishiyar ta tsatso da wani irin ƙaro, kuma ƙaron nan labarin ne da kansa ya daskare. Ƙaron hira na sa masa suna. To yanzu na gama daidaita dokokinsa, kuma gaskiya sai da na yi haka labarin ya fara tafiya da ƙafarsa.

Daga ƙaro na gaske na ɗauko kusan komai. Wanda ya taso wajen Yobe ko Borno ko Jigawa ya san bishiyar dakwara, bayan damina in ganye ya fara zuba sai a tsaga ɓawonta a bar ta wasu makonni, sannan a dawo a tsinci ƙaron da ya taru a bakin tsagar. Sudan ce kan gaba a duniya wajen fitar da shi, namu kuma yawanci nan tashar Apapa ta Legas yake biyowa ya hau jirgin ruwa, can ƙasashen waje su zuba a lemon kwalba da alewa, mu kuma da shi ake haɗa tawadar allo don ta kama. Abin da ya tsaya min a rai shi ne sai an ji wa bishiyar ciwo take bayarwa. Shi ya sa a duniyata labarin da babu wanda ya rasa komai a cikinsa ruwa-ruwa yake fitowa, ko dillali ba ya taya shi.

Sai sharuɗɗan fitowarsa. Dole mai bayarwa ta ce ga ta nan ga ta nanku, kuma dole a amsa mata ta zo mu ji ta, in ba a amsa ba ko ɗigo ba za a samu ba. Wannan ya toshe min wata ƙofa babba, don da sai wani attajiri ya kulle tsohuwa a ɗaki ita kaɗai tana ta zuba yana kwasa, yanzu kuwa sai da masu sauraro kuma sai sun amsa da son ransu. Ƙurunƙus kan kusu shi ke daskarar da shi. In barci ya kwashe mai labari ba ta rufe ba, ƙaron ya yi ta ɗiga ke nan, wanda ya taka shi sai ya tsinci kansa a gonar Dodo. Na kuma saka abin nan da iyayenmu ke tsorata mu da shi, wai mai tatsuniya da rana ɓata zai yi, to ƙaron rana duk wanda ya sa shi a aljihu ba zai gane hanyar gida ba.

Amma dokar da ta fi cin raina ita ce ta farashi. Ana jiƙa ƙaron a yi tawada, a rubuta a jikin ganuwa ta ƙi faɗuwa, ko a ƙasan kwalekwale ya ƙi nutsewa, sai dai da zarar ya narke labarin ya fita daga bakin kowa ke nan har abada, ko wanda ya haddace ba zai tuna ba. A babi na huɗun nan sarki ya sa aka kwashe ƙaron bishiyar ƙofar gidan su yarinyar da nake bi, don a liƙe ganuwa kafin mahara su iso, kuma wallahi sarkin yana da hujja, rayuka zai ceta. Da dare yara suka taru kamar kullum, kakarta ta ce ga ta nan ga ta nanku, suka amsa, sai ta yi shiru tana duban fuskokinsu, ta san akwai Gizo ta san akwai Ƙoƙi amma abin da ya haɗa su ya tafi. Na daɗe a shafin nan, a gosulon Ikorodu Road na rubuta rabinsa a waya ina cikin danfo, motar hayar Legas, idona na kawo ruwa. Shawarata ga duk mai ƙirƙirar irin wannan abu, ya fara tambayar kansa wa ke asara in an yi amfani da shi, tun kafin ya zaɓa masa suna ko kala.

Kasuwar ƙaron kam kasuwar Mile 12 ta nan Legas na kwafa, 'yan dako, buhuna, dillali na ɗanɗanawa da harshe ya ce wannan lamba ɗaya ne wannan lamba biyu, yadda ake bambanta ƙaron dakwara da na bishiyar dushe. Akwai masu algus da ƙaron gulma, yana sheƙi amma kwana kaɗan ya rube.

Na kuma sayo ƙaro na gaske wajen masu kayan koli a Agege don in riƙa taɓawa ina kwatantawa daidai, sai laimar Legas ta sa ya fara danƙo yana mannewa da juna a leda. Nan take na ƙara garin bakin teku a taswira, inda ƙaro ke narkewa a sito labarai su cakuɗe, jarumin wannan ya faɗa cikin wancan.

Wannan ne ya kawo ni ga abin da nake neman ra'ayinku a kai. Maƙwabciyarmu Bayarabiya tana ba jikokinta labarin Ijapa, kunkurun nan mai wayo da matarsa Yannibo, kuma wasu labaran nasa kusan ɗaya suke da na Gizo, kwaɗayi ɗaya dabara ɗaya. To in aka narkar da na Gizo, na Ijapa ma zai ɓace? Ni dai na fi karkata ga a'a, kala ɗaya za su yi amma ƙamshi daban, don in haka ne yarinyar tana da dalilin yin tattaki zuwa garin bakin teku ta nemo wa kakarta labarin a bakin wasu mutane da wani yare. Babi na biyar a kan wannan tafiyar zai tsaya, ku faɗa min in kun ga ɓaraka a ciki kafin in fara.