Ga Ƙannena Masu Son Shiga Fim

Yawancin matasan da ke tare ni a Tudun Wada ko Rigasa a nan Kaduna suna cewa "Yaya, a sa ni a fim," jarumi suke son zama. Ban taɓa jin wanda ya ce yana son fitowa a maigadi ko direban Alhaji ko abokin ango ba. Alhali fim jarumi ɗaya yake ɗauka da jaruma ɗaya, sauran duk irinmu ne. A wannan layin na yi rayuwata, kuma abin da ya fi cutar da ni shi ne na daɗe ina ganinsa zaman jira, ban riƙe shi sana'a ba.

Raini ya sa ba na karanta labarin fim, layina kawai nake haddacewa. Wata rana darakta ya kira ni ya nuna mini abin da aka ɗauka. An gaya wa aminina mahaifinsa ya rasu, yana kuka, ni kuwa ina gefensa, idona a kan mai riƙe da makirufo, leɓena yana motsi ina bitar maganar da zan faɗa. Edita ya cire ni daga sin ɗin, wato wannan fitowar ta fim ɗin. Ƙanena, rabin aikin mai taimaka wa jarumi sauraro ne. Kyamara tana kanka ko bakinka a rufe yake, kuma sau da yawa daga fuskarka mai kallo yake gane nauyin abin da aka faɗa.

Na kuma riƙa fushi don kullum ɗan sanda ake ba ni, har na ƙi wasu ayyuka. Da na dubi magabatanmu na garin nan da ban yi haka ba. Marigayi Usman Baba Pategi, tsohon soja, ya riƙe Samanja shekara da shekaru a rediyo da NTA Kaduna, har ya rasu a 2023 da sunan ake kiransa. In furodusa ya tuna da kai duk sa'ad da yake neman ɗan sanda, ka samu kasuwa ke nan.

Tun da kasuwar faifan CD ta mutu, aiki ya koma shirye-shirye masu dogon zango a YouTube da tashoshi irin su Arewa24, wadda ta fara a 2014. Alheri ne gare mu, domin maigadin da a da sin ɗaya zai yi ya tafi, yanzu ana iya tafiya da shi zango bayan zango. Sharaɗin shi ne ka riƙe kamanninka. Ni na aske gemu ana gobe Sallah, ban tambayi mai kula da kontiniti ba, wato mai lura da kada kamanni su canza daga sin zuwa sin, ga shi an riga an ɗauke ni ina fita daga falo da gemu, saura shigowata tsakar gida. Sai aka gyara labarin, aka ce maigadin ya tafi ƙauye. Bai sake dawowa ba, ni ma haka.

Maganar kuɗi kuwa, kunya ce ta ci ni. A kira ni Kano, in hau mota a Kawo da kuɗin aljihuna, in kwana a lokeshan, a ƙarshe a ce "za mu sallame ka in fim ya fita." Wani furodusan har yau ban ga sisinsa ba. Kafin ka bar gida ka tambaya: sin nawa, nawa ne sallamar, wa zai biya mota da masauki. A rubuto maka ko a WhatsApp ne. Ka kuma yi rajista da ƙungiyar masu sana'ar fim irin MOPPAN, don in rigima ta taso ka san inda za ka kai kuka.

Wanda ya fi yi mini ciwo shi ne ɗinki. Da aka fara gane ni a hanya, sai na ga zaman shago ya yi mini kaɗan, na sayar da kekena. Aikin fim yakan zo a jere, sannan ya ɗauke wata da watanni, mai gidan haya kuwa ba ruwansa da cewa ya gan ka a talabijin. Na daɗe ina ɗinki a shagon wani kafin na sake mallakar keke. Yanzu duk furodusan da ya kira ni nakan gaya masa tun farko cewa daga tsakiyar azumi zuwa Sallah ina shago, ya tsara sin ɗina kafin nan ko bayan nan. Masu son aikina suna tsarawa.