Abin da na koya daga nazarin aikin Thelma Ritter

A shekarata ta uku a sashen koyon wasan kwaikwayo aka ba ni matsayin 'yar aiki a wasan ƙarshen zango, wadda duk maganarta ba ta wuce jimla huɗu ba, kuma raina ya ɓaci ƙwarai domin na sa rai da matsayin uwargida. Malamin da ke kula da mu bai rarrashe ni ba, ya dai umarce ni da in kalli fina-finan wata 'yar wasan Amurka mai suna Thelma Ritter, in rubuta masa abin da take yi a lokacin da ba ita ke magana ba.

An haifi Ritter a Brooklyn ta birnin New York a 1902. Ta yi wasan dandamali da ƙuruciya, ta yi aure a 1927, ta ja baya domin renon 'ya'yanta biyu, kuma ba ta shiga fim ba sai a 1947, tana da shekara 45. A fim ɗin, Miracle on 34th Street, ta fito a matsayin uwar da ta gaji da neman abin wasan ɗanta a babban kanti, kuma ko sunanta ba a rubuta a jerin 'yan wasa ba. Wannan ɗan gajeren fitowa ne ya ja hankalin Darryl Zanuck na kamfanin 20th Century Fox. Daga baya an sa sunanta a takarar Oscar, babbar lambar yabon fina-finai ta Amurka, a rukunin mataimakiyar jaruma har sau 6, huɗu daga ciki a jere daga fina-finan 1950 zuwa 1953, amma ba ta taɓa lashewa ba har ta rasu a 1969.

Abu na farko da na gano shi ne sauraro aiki ne mai zaman kansa. A Rear Window na Alfred Hitchcock, wanda ya fito a 1954, ita ce Stella, ma'aikaciyar jinya mai kula da mutumin da ya karye a ƙafa. Yayin da James Stewart, wanda ya fito a matsayin mutumin, ke bayanin zargin da yake yi wa maƙwabcinsa, hannuwanta na kan aikinsu, fuskarta kuwa tana nuna cewa ba ta gamsu ba tukuna, sannan a hankali son sani ya rinjaye ta. Ni kuwa a lokacin gwaji tsayawa nake yi kamar turke ina jiran layina, idona a kan bakin wadda za ta ba ni dama.

Inda na fi daɗewa shi ne Pickup on South Street na 1953, wanda Samuel Fuller ya ba da umarni. Ta fito a matsayin Moe, tsohuwa mai tallar laktaye wadda ke sayar wa 'yan sanda bayanan ɓarayi, tana tara kuɗin ne domin ta sayi wurin kabari mai mutunci, kada a binne ta a makabartar marasa galihu. Na kalli wurin da aka zo kashe ta a ɗakinta fiye da sau goma. Ba ta yi kururuwa ba, ba ta roƙi a bar ta ba, gajiyar shekaru kawai ta bayyana a muryarta da yadda ta kwanta a gado. A ganina wannan ya fi duk abin da manyan taurarin fim ɗin suka yi, kuma a nan na fahimci cewa ta san abin da matar ta ci da safe da inda ƙafarta ke ciwo, ko da marubuci bai rubuta ba.

Akwai kuma darasi mai ɗaci. A 1955 ta ja ragamar wasan talabijin The Catered Affair na Paddy Chayefsky, har aka sa ta a takarar Emmy, lambar yabon wasannin talabijin, amma da aka mayar da shi fim a 1956 sai aka ba Bette Davis matsayin, domin sunan tauraruwa ne ke sayar da tikiti. Dandamali ne ya fi yi mata adalci, inda ta samu lambar Tony, wato lambar yabon wasan dandamali, a 1958 tare da 'yar wasa Gwen Verdon.

Da na koma gwaji, na ƙirƙira wa 'yar aikin nan ƙauyen da ta fito, da bashin da ake bin mahaifinta, da dalilin da ya sa take goge tebur guda sau biyu idan uwargida ta ɗaga murya. Ban ƙara ko kalma ɗaya a kan jimlolina huɗu ba, sai dai malamin ya matsar da inda nake tsayawa daga bakin ƙofa zuwa kusa da kujerar uwargida.